Shekaru Huɗun da Ba Nawa Ba

Tun da na dawo daga Shagari ba a bar ni na huta ba. In na zauna shagon Isa tela sai a ce, "Shehu, wai mi ya hwaru can?" In na fito masallaci a tare ni bakin ƙofa. Abin da ya ɗaure musu kai shi ne, tafiyar da mutum zai yi da hantsi ya dawo kafin la'asar ni na yi mata kwanaki, na dawo ba na cin abincin kirki. Na gaji da cewa ba komai. Ga yadda aka yi, wanda ya ji ya gaya wa wanda bai ji ba.

Kun dai san bana na gama sakandare. Da sakamako ya fito na nemi makarantar malaman asibiti a Sakkwato, don ana ba ɗalibai ɗan abin kashewa, ga shi kuwa muna zamanin da sai ka bi layi kafin ka ga sabulu. Akawun da ke karɓar takardu ya duba tawa, ya dube ni, ya turo mini ita. Ya ce shekaruna sun wuce waɗanda ake ɗauka. Takardar jarrabawa ta ce an haife ni shekarar da aka samu 'yancin kai, alhali ni tun ina yaro na san an yi shekara huɗu da samun 'yanci kafin a haife ni. Na koma wurin shugaban makarantarmu. Ya ce hukumar jarrabawa ba ta gyara da fatar baki. Sai na kawo wasiƙar hedimastan da ya fara rubuta ni a firamare, da rantsuwar uwa ko uba gaban alƙali, sannan shi ya ɗora tasa ya aika.

Ni ba haifaffen Bodinga ba ne, ko da yake nan na girma. An haife ni a wata 'yar tunga bayan Mandera, mu dai Tunga muke ce mata. Ina aji uku mahaifina ya rasu, Kawu Ladan, wan mahaifiyata, mai sayar da albasa, ya ɗauko ni. Inna tana can har yau.

Na sami Kawu a rumfa yana tsince ruɓaɓɓun albasa, na gaya masa zan je Tunga. Hannunsa ya tsaya cikin buhu.

"Ba ka bari hakanan? Shekara huɗu mi ta ci maka?"

"Kawu, makaranta ta ci mini."

Ya daɗe yana juya albasa ɗaya a hannu. Can ya ce, "To, tahi. Ka sauka Shagari gidan Mamman mai awo, shi zai nuna maka gidan Malam Bello, tsohon hedimastanku. Amma in ka isa Tunga, kak ka ce ma kowa Umaru. Shehu kake."

A nan sai in tsaya in faɗi wani abu. A gida Shehu ake kirana, a makaranta kuwa Umaru Sani. Ko yaron goye a ƙasar Sakkwato ya san Usmanu ake ce wa Shehu, Umaru kuwa Sanda. Na taɓa tambayar Kawu ina ƙarami, ya ce wancan sunan boko ne, in bar shi can. Na kuwa bar shi.

Da safe na je tasha. Mai ya yi wuya, motocin haya duk suna layi a gidan mai, sai wata akori-kura da ta sauke hatsi za ta koma. Muka cushe a baya bisa buhunan wofi, ni da 'yan kasuwa da wata tsohuwa rungume da ƙwaryar daddawa. Direban bai cire tutar jam'iyya da ya ɗaura tun lokacin zaɓe ba, ta yage ta koma tsumma, tana ta marin wanda ke zaune kusa da ita. In mun zo gangare sai ya kashe inji don tattalin mai, mu sulala shiru kamar masu raka gawa.

Muna fita ƙasar Bodinga muka tarar da shingen 'yan sanda, ganguna biyu da katako mai ƙusoshi. Suna neman baƙin haure da masu ɓoye shinkafa da madara. Wani kofur ya ga ina sanye da farin wandon makaranta ya ce in ba shi shaida. Na miƙa masa katin ɗalibi. Ya ɗaga murya ya karanta, "Umaru Sani, Tunga." Ya duba shekarar, ya duba haɓata. "Kai ne mai waɗannan shekaru? Ina ka ajiye gemun?" Mota ta kwashe da dariya, ya jefo mini katin, muka wuce.

Tsohuwar nan ce kaɗai ba ta yi dariya ba. Tun da aka karanta sunan take kallona. Da muka ɗan yi nisa ta matso.

"Wane Sani? Sani mai ginan rijiya?"

"Shi, Iya."

"Umaru na Hajo?"

Hajo sunan Innata ne. Na ce, "Ni na."

Ta miƙo hannu a hankali ta kama wuyan hannuna, ba irin kamun gaisuwa ba, irin yadda ake taɓa mai zazzaɓi a ji ɗuminsa. Ta saki. Bakinta ya shiga motsi da salati. Sai ta fara bugun jikin mota tana cewa a tsaya. Direba ya ce, "Iya, nan daji na, ba Shagari kika ce ba?" Ta sauka ta nufi cikin gonaki da sauri, ba ta waiwayo ba. Mun yi nisa kafin a lura ta bar ƙwaryarta. Da yake ni ne na yi magana da ita ƙarshe, aka ɗora mini. Haka na shiga Shagari rungume da daddawar wadda ban san sunanta ba, ina ta wari.

Mu a Bodinga muna zaton tunda Shagari garin manya ne, madara can kamar ruwan rijiya take. Kwalta dai akwai, da turakun lantarki, amma mai shayin bakin tasha baƙin shayi ya zuba mini, ya ce sukarin ma don na zo baƙo ne. Mamman mai awo ya karɓe ni hannu biyu. Na ba matarsa daddawar ajiya ko mai ita za ta zo cigiya. Mutanen can sun fi mu doguwar gaisuwa, sai sun tambaye ka gida da gona da bisashe ɗaya bayan ɗaya, ko ba ka da ko akuya. Furarsu kuwa ta fi tamu, nono mai kauri, don Fulani na kusa, sai dai yaji kamar da gayya. Da dare aka kawo tuwon dawa da miyar kuka, Mamman yana ba ni haƙuri wai bana gero bai yi ba. Na ba shi labarin tsohuwar. Ya ce, "Tsohi ai sai haƙuri," ya shiga zancen farashin albasa. Amma na lura bai ƙara kai hannu akushi ba.

Washegari da hantsi ya raka ni ƙofar gidan Malam Bello, ya ce yana da awo, ya juya. Malam ya daɗe da ajiye aiki. Na same shi a zaure bisa buzu, yanar ido ta rufe masa idanu, fari fat. Na durƙusa na gaishe shi.

"Wa ke magana?"

"Ɗalibinka na, Malam. Umaru Sani, na Tunga."

Ya juyo da fararen idanun nan daidai inda nake.

"Wanne daga ciki?"

Na ce ban gane ba. Ya tambaye ni abin da ya kawo ni, na zayyana masa. Ya yi ajiyar zuciya ya ce, "Ashe Ladan bai hwaɗa maka ba. Gyara zama."

Ya ce, "Umaru ɗan Sani ni na rubuta shi da hannuna, kuma shekarun da kag gani daidai suke, nashi na. Wanka na, uwa ɗaya uba ɗaya. Yaro dogo, mai wushirya. Shina aji ɗaya sanƙarau yaz zo da bazara yaɗ ɗauke shi. Lokacin nan ba a son boko. Kowace tunga an yanka mata yaran da za ta kawo, in ɗaya ya ɓace mai gari ka shan hwaɗa wurin hakimi, a ce ɓoye shi anka yi. Ga mai duba makarantu na tahe. Mai gari yat tahi wurin ubanka. Ba a yi sadakar bakwai ba sai ga ka da sahe, cikin rigar mamacin, ta kai maka har ƙwauri. Anka ce in bar suna yadda yake. Ni kau na bari."

Yana faɗin rigar nan sai na gan ta. Wallahi shekara da shekaru ban tuna ta ba, amma a zauren nan na ji ta a jikina: kakin da ya sha wanki, hannun da aka naɗe mini sau da yawa, da wani ƙamshi kamar na hayaƙin magani da ba ya fita.

Malam ya ci gaba. "Yaran ajin su sunka bi gawar har bakin maƙabarta. To ka ga in na buɗe baki na ce Umaru Sani, aji shi yi tsit. Kai kuma ba ka san da kai ake ba, sai na bugi tebur. Ba wanda ka yarda shi zauna benci ɗaya da kai har damina ta wuce. Sannu sannu ka koyi amsawa." Ya shafa buzu. "Wata sahiya na kira, na ji murya biyu. Taka nan gaba, da wata can bencin baya inda shike zama. Ila kunnena na. Amma yaran dut sun waiwaya."

Ya ce wasiƙa ba wuya, zai faɗa jikansa ya rubuta ya sa hannu. "Amma tahi ga Hajo tukuna. Abin nata na kahin shi zama naka."

Mamman ya ara mini keke. Ban wuce Mandera da nisa ba ƙaya ta sace tayar baya, na koma turawa. Hagu da dama gero ne tsaye ya bushe bai fid da kai ba, iska na kaɗa shi yana ƙara kamar ana yayyafa tsakuwa. Ban haɗu da kowa ba. Rana na tsaka na iso makarantarmu, wadda ke bakin Tunga kafin a shiga gari. Ba kowa. Na ji daga baya cewa malamai sun koma gona tunda albashi ya daina zuwa. Ƙofar aji ɗaya ta cire, kashin awaki ko'ina, allo ya yi fari da ƙura.

Kowa ya san ba a shiga kango da tsakar rana. Ni ma na sani. Na jingina keken na shiga. Bencuna na nan yadda na san su. Na tsaya inda malam ke tsayawa, na dubi bencin baya. Ban san abin da ya kai ni ba, sai na ji na ce da ƙarfi, "Umaru Sani!"

"Ga ni, Malam."

Ƙaramar murya ce, ta yaro. Ba zan rantse muku daga ina ta fito ba. Da na kai hannu bakina na ji leɓɓana na motsi, to wataƙila ni ne, bakin da ya saba amsawa ya amsa. Amma ni a gaba nake tsaye, kunnena kuwa daga baya ya jiyo ta. Na fito da baya da baya, na ja keken, ban tsaya ba sai ƙofar gidanmu.

Na tarar da Inna tana sussukar 'yar dawar da ta samu. Ta amsa gaisuwata fuskarta na gefe. Haka take yi mini tun tasowata: ba ta kiran sunana, ba ta kallon fuskata, in ta zo Bodinga ƙarshen zangon karatu sai ta zauna bayan Kawu. Ni duk zatona alkunyar ɗan fari ce, har ina jin daɗi. Ta kawo mini ruwa da hoce, na kasa ci.

Na ce, "Inna, daga wurin Malam Bello nike."

Taɓarya ta tsaya. Ta zauna bakin turmi, ta juya mini baya.

"Ya hwaɗa maka."

"Ya hwaɗa."

Na gaya mata zancen makarantar asibiti da rantsuwar da ake so. Kaji na tsattsagar dawar ba ta kore su ba. Da ta yi magana, da bango take yi.

"Ban hana ba ranar da anka sa maka rigar. Ina ɗaki, na ji kana kuka kana cewa ta yi maka yawa. Daga baya kuma... in na zo Bodinga Ladan shi ɗauko takardarka shi karanta min. Shi ce, wane ya zo na uku, wane ya ci lissahi, wane ya shiga aji kaza. Sai in ji yaron nan na nan shina girma. Ga shi aji huɗu, ga shi ya tahi kwaleji. Na san ƙarya ta, Allah shi gahwarta min. Amma kabarinshi ruwa ya shahe tun tuni, ko ni ban iya nuna maka wurin. Takardar ga ɗai ta rage mai sunanshi da ranarshi." Ta goge fuska da gefen zane. "In an goge, ina za shi?"

Na so in ce mata a bar shi, in haƙura da makarantar, bakina ya ƙi. Na so in ce ni ma ɗanki ne, shi ma ya ƙi fita. Muka zauna har inuwa ta juya. Na kwana ɗakin mahaifina, ban ƙara tayar da zancen ba. Da gari ya waye na fito na same ta ta yafa mayafin fita, takalmanta a hannu. Ta ce, "Mu tahi kahin rana ta yi."

A ƙasa muka tako har Shagari, tana gaba ina tura keke a baya. A bakin kotu akwai mai buga takardu ƙarƙashin dogon yaro. Na gaya masa abin da nake so, ya buga: Umaru Sani, an haife shi shekara kaza, wato tawa shekarar. Na ga abin ya zo da sauƙi, suna na nan, shekara ta gyaru, kowa ya samu. Har na ji sanyi a raina.

Alƙalin dattijo ne, ba mai gaggawa ba. Aka sa Inna ta yi alwala, aka kawo Alƙur'ani. Magatakarda ya karanta mata abin da aka buga, ya ce ta ɗora hannu ta ce haka ne. Ta miƙa hannu, ya tsaya a sama. Ta janye shi.

"Ranka shi daɗe, ba ni rantsuwa bisa wagga."

Alƙali ya ce, "Don mi, Malama? Ba ɗanki ba na?"

"Ɗana na. Amma ba shi na mai sunan ba." Matar da ko sau ɗaya ba ta taɓa furta sunan ɗanta na fari ba, ta ɗaga murya a gaban maza ta ce, "Umaru ya rasu. Shekarar 'yanci na haihe shi, da bazara ya rasu, ni na rufe mashi ido. Wanga Usmanu na. Da kaka na haihe shi, ana yankan gero, shekara huɗu tsakaninsu. Wagga ita nika rantsuwa a kai."

Alƙali ya ce, "Allah shi jiƙan Umaru," mutane suka amsa da amin, har masu jiran shari'ar gona. Ya sa aka yage takardar farko aka rubuta abin da ta faɗa, ta ɗora hannu ta rantse, ta dangwala yatsa. Ya dube ni ya ce in sani gyaran suna da shekara tare ya fi gyaran shekara kaɗai nisa, kada in sa rai da bana.

Gaskiyarsa. Malam Bello ya ba da wasiƙarsa, na kawo wa shugaban makarantarmu duka, ya karanta ya cire tabarau ya sake karantawa, ya ce zai aika amma sai na yi haƙuri, irin wannan sai ta je har hedikwata ta dawo. Makarantar asibiti ta rufe ɗauka. Shi ya sa kuke ganina rumfar Kawu ina tsince albasa. Shi da ni ba mu yi zancen ba har yau, ya dai ce in riƙa zama kan kujerarsa in ba ya nan.

Ranar kotun, bayan na karɓi wasiƙar Malam na mayar wa Mamman kekensa, Inna ta raka ni tasha, abin da ba ta taɓa yi ba. Mota na lodi, muna tsaye gefe. Da yaron mota ya fara kiran Bodinga na durƙusa in yi mata sallama. Sai na ji ta kama haɓata ta ɗago fuskata. Ta dube ni sosai, goshi, ido, hanci, har ta ɗan ja leɓena ta duba haƙorana, mutane na wucewa suna kallonmu. Ta daɗe tana dubawa. Sannan ta sake ni, ta ce a hankali, kamar mai mamaki:

"Ashe ba ku yi kama ba."